Kwafin da Babu Alama

Almakashi ake ce masa, don tun zamanin kaset aikinsa ke nan, yanka fim da haɗa shi. Da kaset ya mutu, ya koyi kwamfuta da furfurarsa. Ɗakin aikinsa na saman shagon wani tela, taga ɗaya, baƙin labule, da fanka mai kuka kamar injin niƙa. Shekara ashirin da ɗoriya fim bai taɓa fita ta hannunsa ba sai ranar da mai shi ya ce.

Kwatsam sai ga fim ɗin Alhaji, furodusan da ya fi ba shi aiki, a intanet, saura kwana tara a sake shi.

Alhaji ya hawo benen, ya ƙi zama.

"Ban ce kai ne ba," in ji shi, yana kallon kwamfutar. "Amma da ɗan gari akan ci gari."

Daga ranar Almakashi ya daina yarda da kowa. Ya canza kwaɗo. Duk mai shigowa sai ya bar wayarsa a kwali bakin ƙofa. Tela ma, in ya leƙo gaisuwa, sai ya ga an juya allon kwamfuta. Ran da matarsa ta kawo masa abinci ya bi jakarta da ido, ta ce, "Malam, ka caje kwanon ma, ko fim na ƙarƙashin miya."

Bai yi dariya ba.

Da fim na gaba ya kammalu, sai ya yi dabara. Mutum huɗu ne za su karɓi kwafi: Alhaji, darakta, mai kiɗa da mai fassara. A minti na sha bakwai ya saka wa kowa ƙaramar alama, wannan carar zakara, wancan hon ɗin mota, can nesa yadda ba mai lura. Bai faɗa wa kowa ba.

Sati biyu, wannan fim ɗin ma ya fita a intanet. Ya sauke shi, ya manna kunne. Minti na sha bakwai ya zo ya wuce. Ba zakara, ba hon, ba komai. Kwafin da babu alama kuwa ɗaya ne a duniya, yana cikin kwamfutarsa.

Ya yi ta tunani. Sau biyu kwamfutar ta bar ɗakin, duka don tana zafi, duka wajen mai gyara, ƙanin matarsa.

Ya same shi a shago. "Me ka kwafa a na'urata?"

"Haba Yaya! Ni da kai?" Ya ɗauko littafi zai rantse. Almakashi ya duba idonsa, bai ga gaskiya ba, bai ga ƙarya ba.

Ya je ya faɗa wa Alhaji komai, har da cewa daga ɗakinsa aka ɗauka. Alhaji ya kwashe aikinsa ya kai wa wani. Can ma fim ya fita. Bayan wata bakwai Alhaji ya dawo, ba ban-haƙuri, ya ajiye faifai a tebur ya ce, "A yi mini da wuri."

Yanzu Almakashi da kansa yake kwance kwamfutarsa ya share ƙura. Suna gaisawa da surukinsa a taron dangi, har su ci a kwano ɗaya. Matarsa ta daina tambayar me ya shiga tsakaninsu.