Sunan Ɗan Fari a Ofishin Jandarma

Ni ban taɓa ɗiban yashi da hannuna ba, a sani tun yanzu. Tsohon kamyo ne dai na saya bayan gwiwoyi sun hana ni zaman rumfa a Babbar Kasuwa, na miƙa wa ɗana na fari makulli, ya riƙa kai wa magina yashi. Inda yake ɗebowa kuwa ban taɓa tambaya ba. Bagobiri ba ya zama ya yi hira da ɗan fari. Ko sunansa ban taɓa kira ba, balle kuma sunan mahaifina ne aka sa masa. In ina son sa, sai in ce wa uwarsa, "Ina wancan?"

Wata Juma'a da hantsi aka zo aka ce jandarmomi sun kama shi a bakin kogin Isa, can ƙasa da unguwar Harobanda, wurin da aka hana haƙa saboda gaɓa tana zaftarewa. Sun kai kamyon fili mai katanga inda ake tsare motoci, da yashinsa a ciki, wai shi ne shaida. Na sa babbar riga, na haye gada, ina tattara ragowar faransancin da na tsinto a aji uku na lakkwal, makarantar boko.

Shugaban ofishin Bazabarme ne, matashi. Yana ganin tsagar fuskata ya washe baki, ya ce yau bawansa ya kawo kansa. Na ce masa ko kakansa bai isa ba. Da na ji abokin wasa ne, hankalina ya kwanta. Ashe ban sani ba.

Wancan yana zaune a kan benci, ba takalmi, ya sunkuyar da kai. Ban dube shi ba.

Jandarman ya bayyana mini dokar dalla-dalla. Kamyo ba ya fita sai alƙali ya ga takardu ya yanke. Amma direba yana iya kwana gida, in mai mota ya faɗa da bakinsa, gaban shaidu, wa ya ba makulli. In bai faɗa ba, sai a ɗauka an hau motar ba da saninsa ba, a ƙara da zargin sata, a kulle yaron har Litinin.

Na ce wannan ai mai sauƙi ne, na nuna benci da haɓa. Ya ce mashin ɗinsa na buga takarda ba ya rubuta haɓa. Na faɗi laƙabin da mata ke kiransa da shi a gida. Ya duba takardar tuƙi, ya ce babu shi a ciki. Na roƙi a ba ni biro in rubuta, tunda ni ma na yi boko. Ya ce bayani da baki ake ɗaukarsa, kuma ya ga yadda na sa hannu ɗazu, ba ya son in ɓata masa takarda.

"To mene ne shi a wurinka, Alhaji?"

"Yaron gidanmu ne."

"Yaron gida ko ɗanka?"

Na ce ya san al'ada, ya daina cin mutuncin furfura. Dariyar ta bar fuskarsa. Ya ce ya sani sarai, shi ma uwarsa ba ta kiran sunansa, amma alƙali takarda yake karantawa. Ya dubi agogo, ya ce zai tafi masallaci, in ya rufe ofis ya rufe ke nan.

Na tsaya ina ta gyara hula. Na yi zancen zafi, na yi zancen tsadar siminti. Sai wani jandarma ya zo ya ce wa wancan ya kwance ɗamararsa ya ba da, ya tashi. Ya tashi, ya riƙe wando da hannu ɗaya, magidanci mai ƴaƴa, bai ko waiwaye ni ba. Bai sa rai zan faɗa ba. Wannan ne ya fi ƙona ni, har yau.

Yana bakin ƙofar ɗakin tsaro na faɗi sunan. Muryar ta fito kamar ta ɗan akuya. Bazabarmen ya ce bai ji ba, kuma na rantse wannan karon ba wasa yake ba. Na sake faɗa da ƙarfi, sunan ubana, a gaban masu kama ɓarayi, na ƙara da cewa ɗana ne, ni na ba shi makullin.

Wancan ya tsaya cak. Ya rasa yadda zai yi, sai ya durƙusa ya ce, "Na'am, Baba."

Aka mayar masa da ɗamara. Kamyon ya zauna can ya jira alƙali, har ciyawa ta tsiro a kan yashin. Mu kuma muka fito ba mai duban wani. Taksi ta tsaya, na shiga gaba. Shi ya ce zai jira ta baya, ban hana shi ba.