Fatar Magena a Hannun Majemi

Ban taɓa jin an yanki fatar dabba da ranta an aika wani gari ba sai a kan magena. Lokacin muna zaune a Challawa, maigidana yana aiki a kamfanin jimar fatu, ni kuma ina goyon fari. Magen tawa ce tun a gidanmu, tare aka kawo mu gidan miji. Da ƙuraje suka feso mata a wuya, gashi ya fara zubewa, surukata, wadda dama ba ta ƙaunar ganinta, ta ce ƙazuwa ce, jaririn za ta shafa wa. Ko a kawo shaidar likita, ko a sa ta a buhu.

Muka kai ta Bompai wurin wani matashin likitan dabbobi mai duba karnukan Turawa. Ya ce ido kaɗai ba zai gane ciwon ba, sai an ɗebi fatar. Ni na ɗauka feɗe ta zai yi, har na fara matsar ƙwalla. Ashe abin ko ƙwayar wake bai kai ba. Ya yi mata allura wurin ya mutu, ya yanka, ya ɗinke, ya ce kada in bari ta sosa, kada kuma in shafa mata komai, ko man shanu. Guntun fatar ya jefa a wata 'yar kwalba mai ruwan magani, ya miƙa wa maigida, ya ce washegari a ba direban motar Zariya, can ake dubawa, kuma sai an yi haƙurin 'yan makonni.

Tun a bas maigida yake ɗaga kwalbar yana tsaki.

"Ɗanyar fata a cikin ruwa? Yaron nan bai san fata ba."

"Malam, ku bar wa likita aikinsa mana."

"Ke, fata nake ci, fata nake sha. Kafin ta kai Zariya ta ruɓe."

Muna isa gida ya tsamo ta da tsinke, ya barbaɗa mata gishiri kamar yadda suke yi wa fatar akuya, ya shanya a inuwa a kan faifaina. Da ta bushe ya naɗe a takarda ya aika, yana ta murmushin wanda ya gyara wa ɗan boko aiki.

Da muka koma karɓar sakamako, likita ya dafe kai. Ya ce an duba, ba a ga komai ba sai gishiri. Sai an sake yanka. Shi kuwa gogan, ko a jikinsa, cewa ya yi, "Amma dai ba ta ruɓe ba, ko?" Wallahi ranar da ba don idon mutane ba da na yi masa rashin kunya.

An sake yankan, wannan karon likita bai ba kowa kwalbarsa ba. Amma surukata ta ce haƙurinta ya ƙare, ta miƙa wa ɗanta buhu ta ce ya ƙetare kogi da magen ya yar. Na yi kuka sosai. Da yamma ya raɗa mini cewa bai yar ba, ɗakin ajiyar fatu na kamfaninsu ya kai ta, inda ɓeraye suka hana su sakat.

Sakamako ya zo: cizon ƙuma ne jikinta ba ya so, ba ya shafar mutum. Surukata ta taɓe baki ta ce to, a dawo da ita.

Na ci kwalliya na tafi har kamfanin, da 'yar madara a kwano. Na same ta a kan tulin fatu, ta yi ƙiba, wuyan ya warke sumul, ma'aikata na ta yaba aikinta. Na tsuguna na kira ta yadda na saba. Ta ɗago ta yi mini kallon mai tallan da ba a kira ba, ta yi miƙa, ta shige tsakanin fatu. Na jira har aka busa tashi, ba ta fito ba.