Allurar da Baba Yake Ji da Ita

Akwai abubuwa da yawa da na yi a rayuwata waɗanda da za a mayar da ni baya ba zan sake yin su ba, amma ɗaya ne yake hana ni sakat har yau da furfura ta cika mini kai. Na yanke wata 'yar waya a motar da mahaifina yake tuƙawa, na kuma yi shiru duk kwana taran da magana za ta yi amfani. Yankan aikin yarinta ne, na daɗe da yafe wa kaina shi. Shirun ne na kasa yafewa.

Wata Laraba ce, ranar kasuwar Makarfi, a shekarar da nake aji huɗu na firamare, lokacin rake ya fara shigowa. Ina tsugune a bakin titi da farantin yankakken rake da Inna ta ɗora mini bayan an tashi daga makaranta, sai ga motar Alhaji ta tsaya kusa da masu mazarƙwaila. Alhaji dillalin rake ne, Baba kuma direbansa. Alhaji ya sauka ya gama abin da zai yi, ya dawo tare da wani baƙo suka shiga baya. Injin bai mutu ba, yana ta silo a hankali, duk wanda ke kusa yana jin sa. Sai Baba ya duba gabansa, ya kai hannu ya murɗa makulli. Motar ta yi wata irin ƙara kamar ana goga ƙarfe a kan dutsen niƙa. Masu lodi suka juyo. Baba bai san abin da ya faru ba, ya sake murɗawa. Wani ɗan kamasho ya ce, "Malam Idi, sau biyu za ka tashe ta?" Aka kwashe da dariya. Duk kasuwar nan ni kaɗai na san dalili, na sunkuyar da kai ina ta jera raken da dama a jere yake.

Baba ba ya ji sosai, amma in ka fita daga gidanmu babu wanda ya sani. Ya yi shekaru yana jan gingimari, sannan wani zazzaɓi mai zafi ya kwantar da shi, ya tashi kunnen dama ya toshe gaba ɗaya, na hagu kuma sai an ɗaga murya a kusa da shi. A gida mun saba, in za ka yi masa magana sai ka zagayo gabansa ya ga bakinka. A waje kuwa ana ɗaukar sa mutum ne mara son surutu. Madubin cikin mota ma ya karkatar da shi yadda zai riƙa ganin leɓen Alhaji. Abin da madubi ba zai iya yi masa ba shi ne jin kukan inji. Sauran direbobi da kunne suke sanin lokacin canja giya, motar Alhaji kuwa ƙaramar mota ce mai laushi, ba ta jijjiga mutum kamar gingimari balle ya ji a ƙafarsa. Allah ya taimake shi tana da wani agogo a gaban sitiyari, kusa da mai nuna gudu, wanda yake nuna saurin juyawar inji. Yana da lambobi da jan layi a ƙarshe, da allura da take tashi in an taka totur. Baba yana kiran sa agogon inji. In allura ta kai uku ya canja giya, in ta kwanta ƙasa ya san mota ta mutu. Ya taɓa ɗora ni a cinyarsa ya nuna mini ita da yatsa, ya ce, "Mamman, wannan ita ce kunnena." Na ji maganar da kunnena biyu masu lafiya. Ba zan ce ban sani ba.

A lokacin rayuwarmu ba ta wuce aiki da wasa. Da safe in jawo ruwa a rijiya in cika randunan Inna, in share gaban garken awaki, sannan in ruga makaranta da ɗumamen tuwo a ciki. Da yamma in yo ciyawa, ranar Asabar kuma mu bi Kawu gonarsa ta Nasarawan Doya, mu yi ta ɓare ganyen rake har hannuwanmu su yi tsaga-tsaga. Duk ɗan lokacin da ya rage na motar langa-langa ne. Da gwangwanin madara da murafun kwalba da guntun silifa muke ƙera su, mu kafa musu dogon kara a matsayin sitiyari, mu yi ta zagaya unguwa muna kukan inji da baki. Tawa ta fi ta kowa kyau, har ranar da abokina Sale ya zo da tasa tana da fitila. Ƙwan tocila ya samu da tsohon batir da 'yar waya, in ya haɗa sai ta kawo wuta. Yara suka bar ni suka bi shi. Na samo ƙwai, na roƙi batir a wurin mai shayi, waya ce kawai ta gagare ni.

Duk ranar Litinin Baba yakan kawo motar ƙofar gida a wanke ta, ni ne mai wankin. Kwana tara kafin waccan Larabar, ya buɗe murfin inji don ya sha iska, ya tafi sallar la'asar. Na leƙa, na ga wayoyi birjik. Can bayan batir akwai wata koriya siririya da ta yi lanƙwasa, tsawonta ya yi mata yawa. A hankalina na yaro, waya mai kauri ita ce mai amfani, siririya kuwa ado ce. Na ɗauko rezar da nake feƙe fensir, na yanke kamar tsawon tafin hannuna biyu, na murɗe bakunan da suka rage ba tare da na feƙe su da kyau ba, na naɗe da robar tsohon tif na taya, na cusa ƙarƙashin sauran. Da Baba ya dawo ya tayar da mota ta tashi, allura ma ta tashi. Na ce a raina shi ke nan, ba ta da wani aiki. Fitilata ta yi kwana biyu tana ci, batirin ya mutu.

Ran Talata a hanyar Kudan allurar ta fara rawa. In an shiga gargada ta faɗi, in an fita ta tashi, kafin Alhamis ta kwanta ba ta ƙara motsi ba. Na ga Baba yana ƙwanƙwasa gilashinta da farce. Na ga ya ciro fis ɗaya bayan ɗaya yana ɗaga su sama yana dubawa. Ya kai wa wani bakanike a tasha, ya canja fulogi ya wanke kafireto, allura ba ta san ana yi ba. Wani ya ce agogon ne ya ƙone, sai an je Zariya ko Kano an nemo na gwanjo. Baba ya gaya wa Alhaji, Alhaji ya ce, "Mota tana tafiya lafiya, me za a yi da wannan? Ai direba da kunne yake tuƙi." Baba ya haƙura da zancen. Ya koma tuƙi da lissafi, yana kallon mai nuna gudu yana kintata, wani lokaci ya bar ta a giya biyu tana ta kururuwa, wani lokaci ya kai ta huɗu tana shaƙewa. Ya daina cin tuwo sosai. In ya dawo sai ya zauna a kan turmi ya zuba wa ƙasa ido. Inna ta ce da mu, "Ku rage hayaniya, babanku yana cikin damuwa," ko da yake hayaniyar ba ta isa gare shi. Sau uku ina zagayowa gabansa don in faɗa. Duk sanda ya ɗago ya kalli bakina, sai in tuna bulalar da ke rataye a bayan ƙofa, in ce ruwan alwala na kawo.

Bayan abin da ya faru a kasuwa, Alhaji bai yi faɗa ba. Da suka koma gida ya bari Baba ya juya yana goge gilashi, ya tsaya a bayansa ya kira sunansa sau uku. Baba bai waiwayo ba. Sai ya dafa kafaɗarsa, ya ce masa 'ya'yansa da iyalinsa suna shiga motar nan, ba zai iya barin sa yana jan ta ba. Ya karɓi makulli ya ba wani saurayi, Ɗanlami. Ban taɓa ganin laifin Alhaji ba. Abu ɗaya Baba ya roƙa, a bar shi ya kai motar Ikara wurin Bitrus mai wayarin, wato gyaran wayoyin wutar mota, don ya mayar da ita lafiya kamar yadda aka damƙa masa. Ranar Asabar Ɗanlami ya ja, Baba ya zauna a gefe, ni a baya. Da za mu fita ya ce mini, "Taho mu je, yau kai ne kunnena."

Bitrus mutumin kudancin Kaduna ne, ya daɗe a Ikara, rumfarsa tana ƙarƙashin wata bishiyar mangwaro. Sun san juna da Baba tun zamanin gingimari. Suka gaisa gaisuwa mai tsawo, ya tambayi Inna da yara da gona, sannan ya ce, "Malam Idi, kai da kanka a kujerar fasinja? Ko ka zama Alhajin ne ba labari?" Baba ya yi murmushin da bai kai ido ba. Kayan aikin Bitrus ba su da yawa, babba a cikinsu ƙwan fitila ne da aka ɗaura wa waya biyu. Ya kwance agogon ya jawo shi waje, ya nuna mana waya uku a bayansa. Ya ce ɗaya wuta take kawowa, ɗaya tana ɗaure a jikin ƙarfen mota, ta ukun kuma daga kwayil take, abin da ke ba fulogi wuta, ita ke kawo labarin juyawar inji. Ya buɗe makulli ya taɓa ta farko, ƙwai ya kama. Ya kankare tsatsar da ke wurin ta biyu ya ɗaure, ita ma lafiya. Sai ya ɗauko wata doguwar waya tasa, ya haɗa daga kwayil kai tsaye zuwa bayan agogo, ya ce Ɗanlami ya tayar. Allura ta miƙe tsaye kamar ba ta taɓa kwanciya ba. Ya ce, "Agogo lafiyarsa lau. Saƙo ne ba ya isowa, a hanya aka tare shi."

Baba ya shiga mota ya zauna yana kallon allurar. Bitrus kuwa ya kama koriyar wayar daga kwayil yana bin ta da yatsu, a hankali, har ya iso bayan batir. Ina tsaye kusa da shi riƙe da sukudireba. Ya jawo ƙullin roba ya warware. Ya daɗe yana kallon bakin wayar, yankan reza sumul, sannan ya kalli hannuna, ya kalli fuskata. Ya juya wa gilashin mota baya yadda Baba ba zai ga bakinsa ba, ya ce, "Ɓera ba ya naɗe waya da roba, ɗana. Da ta taɓa ƙarfe da motar ta mutu muku a tsakiyar titi. Ni ba zan faɗa ba, ba maganata ba ce. Kai za ka faɗa masa." Ya feƙe bakunan, ya ƙara sabon guntu, ya like da dalma, ya naɗe. Duka aikin bai kai a dafa shayi a sha ba. Baba ya leƙo ya tambayi me ya samu. Bitrus ya zagaya gabansa ya ce, "Waya ce ta yanke." Baba ya kalle ni, ni kunnensa, ko akwai abin da ya wuce shi. Na ce, "Haka ya ce, Baba."

A hanyar komawa Makarfi allura tana tashi tana sauka yadda ya kamata. Ɗanlami ko kallon ta bai yi ba, rediyo ya kunna. Daga baya ina hango hannun Baba a kan gwiwarsa, duk sanda allura ta kai uku sai hannun ya ɗan motsa, kamar zai kama giya, ya koma ya kwanta.

Baba bai sake tuƙi ba. Labari ya riga ya zaga tasha, babu mai ba kurma mota. Ya koma noma a gefen gonar Kawu, ya yi shekara goma sha ɗaya yana yi, bai taɓa son sa ba, bai kuma taɓa yin ƙorafi ba. Na sha gaya wa kaina cewa ko ba ni ba, wata rana asirin zai tonu. Wataƙila haka ne. Amma da na buɗe baki ran Talata ko ran Alhamis, da bulala biyar ce da gyaran minti kaɗan, da ya ƙara wasu shekaru a kujerar da yake ƙauna. Kullum ina cewa sai na ƙara girma, sai ya huce, sai bayan girbi. Ranar da aka kai shi makwancinsa, maganar tana bakina.

Da na gama firamare wurin Bitrus na koma na koyi wayarin, shi ma har ya rasu bai sake tayar mini da zancen ba. Yanzu motoci sun canja, yara suna soka wata na'ura su karanta ciwon mota a waya, ni kuwa da ƙwan fitilata nake lallaɓawa, in tsohuwar mota ta zo. Kwanan baya wani ya kawo mini irin wannan matsalar, na bi waya da yatsu na gyara masa, ya yi mamakin saurina. Bai san tun ina aji huɗu na san inda ake dubawa ba. Nawa kunnen ma ya fara nauyi, jikokina sai sun zagayo gabana suke yi mini magana, in na kalli bakinsu sai in ga kaina tsaye da butar alwala.

Na gaji da ɗaukar wannan abu ni kaɗai, shi ya sa na rubuta. Wanda ya karanta, ina roƙonsa, in ya ɓata wani abu a gida, ya zagaya gaban mai abin ya faɗa tun yana nan yana kallon bakinsa. Kada ya yi irin nawa.