Kwat ɗin Kawu Eulogio

Jama'a a matsa, a ba da hanya! Ga Don Eulogio Barragán, attajirin attajirai a cikin majigi, mai ɗaki ɗaya tal a unguwarmu ta Lavapiés, shi ma yana yoyo. Ƙanen babata ne, don haka ina da ikon tona shi.

Tun ana fim babu magana a Madrid yake fitowa a matsayin babban mutum. Ba don ya iya wasa ba, tsakani da Allah. A wannan sana'a ɗan wasa da kayansa yake zuwa, shi kuwa ya gaji baƙar kwat mai wutsiya daga wani maigidansa da ya rasu. Duk daraktan da ke neman minista ko alƙali sai ya ce, "A kira mai kwat."

Yau da gobe kwat ta fara tsufa. Duk inda gabanta ya ƙoƙe, sai matarsa Casilda ta yanko ƙyalle daga baya ta gyara, bayan kuma ta cike shi da tsumman da maƙwabta suka ba ta. Ai kyamara gaba take gani. Kawu ya koyi fita da baya da baya yana rusunawa, daraktoci na cewa, "Kun ga tarbiyyar manya!"

Sai auren 'yarsa Amparo ya taso. Shi zai riƙo amarya daga ƙofar coci har gaban fada, wato limamin cocin, kowa na kallon bayansa, har da dangin ango, masu kantin yadi. Kawu ya kasa cin abinci. Ya nemo ta aro, ta ƙi rufe tumbinsa.

"Baba, in ba da kwat ɗinka ba, na fasa," in ji Amparo. "Da ita ka ciyar da ni."

"Ke 'yar nan, surukanki fa yadi suke sayarwa!"

"To sai su ga kala-kala."

Ranar ya shiga yana gumi, kai a sama. Can sai Paca mai wanki, wadda raɗarta ake ji daga kasuwa, ta ce, "Laa, wancan koren ai siket ɗina ne!"

Wanzamin unguwa ya miƙe tsaye. "Ga wandona can a kafaɗa! Ashe na daɗe ina shiga fim!"

Nan fa kowa ya hau nuna nasa da yatsa, ana ta bugun ƙirji. Uban ango ya gyara tabarau, ya ƙura wa wani ƙyalle mai ratsi ido, ya taɓa matarsa ya ce, "Wannan na kantinmu ne. Duba, ko koɗewa bai yi ba." Amparo tana dariya tana hawaye har suka isa gaban fada.

Da aka fito na rungumo shi, na ɗaga murya: "Kawu, yau ka shiga tarihi! Jikoki za su ba da labarin nan!"

Ya dubi hannuna a kafaɗarsa.

"Sauke, da maiƙo a hannunka. Gobe ni jakada ne."