Ba Za a Ɗaure Inna Ba

Lokacin da muka kawo Inna asibiti a Parakou daga Djougou, ba ta iya riƙe fitsari, sai aka sa mata ƙunzugu. Kullum sai ta fizge shi, tana neman saukowa daga gado. Yayana ya yayyago tsumma, wai a ɗaure mata hannuwa kowa ya huta.

Na ce, "Wallahi Yaya, ba a gabana ba."

Na lura sai an kira salla take hakan. Inna ce za ta tsaya gaban Allah da najasa? Na riƙa wanke ta kafin ladan ya kira, in miƙa mata dutsen taimama. Ta daina fizga. Tsumman Yaya kuwa, da shi nake share mata ƙafafu.