Permin da Na Saida wa Sambo

Ni ɗan Gidan Amumune ne. Mahaifina manomin gero ne, mutum ne da ko kajin maƙwabta ba su taɓa kai ƙararsa ba. Na yi lakwal, wato boko, har aji biyu na kwalej, daga nan kan ya ƙi, na bari na kama kabu-kabu da moton yayana, wato babur. Ina ɗaukar mutane zuwa Mayahi da kasuwannin ƙauye, ina samun na tuwo, har da na shayi. Ba yunwa ce ta sa ni abin da na yi ba, gara in faɗa tun yanzu, don kada wani ya ji tausayina a inda bai kamata ba. Mace ɗaya ta mutu saboda takardar da na yi da hannuna, kuma neman gafarar wannan ran shi ne abin da ya rage mani a duniya.

Abin takaicin, ni permina, wato lasin tuƙi, na gaskiya ne. Na je Maradi na zauna oto-ekol, makarantar koyon tuƙi, na koyi kod, wato dokokin hanya, aka yi mani jarrabawa na ci. Cikin ƴan kabu-kabun tasharmu ni kaɗai ke da shi, kuma na yi ta hura hanci a kai.

Da aro aka fara. Wani abokina zai kai kaya Tasawa yana tsoron jandarma, ya ce in ara mashi permina tunda muna kama. Ya je ya dawo lafiya, ya saya mani tsire. Bayan shi wani ya zo wanda ba mu kama ko kaɗan, sai na yi fotokopi na liƙa hotonsa bisa nawa. Shi ma ya wuce. A raina na ce ashe abin ba wuya. Na samo dunduniyar tsohon takalmin roba, na zauna da reza kwana biyu ina sassaƙa, har na fitar da tampo, wato hatimi, mai kama da na hukuma. Wallahi ranar da na buga shi bisa takarda ya fito tsaf, daɗi na ji kamar an yi mani haihuwa.

Na ajiye kabu-kabu na koma Tasawa. Na sayi jakar hannu da tabarau, nakan zauna gindin wata bedi kusa da tasha. Ina ce wa mutane ina da hanya a Maradi, ba sai sun sha wahalar oto-ekol ba, su kawo hoto biyu da abin da ya sawwaƙa. Takardar wucin gadi nake yi masu, irin wadda ake ba wanda ya ci jarrabawa ya riƙe kafin permi ya fito. In mutum ya dawo yana tambayar na ainihin, in ce ana nan ana bugawa. Suka sa mani suna Mai Permi, ni kuma ina amsawa ba kunya.

Ana haka wata rana wani Bafillace ya zo ya durƙusa ya gaishe ni. Sunansa Sambo, makiyayi ne daga wajen Korgom, magidanci mai ƴaƴa uku. Ya saida bijimi ya sayi moto sabo, bai fi sati uku da fara hawa ba. Na tambaye shi ko jandarma ne suka matsa mashi. Ya ce a'a, shi bai ma taɓa hawa gudron, wato kwalta, da moton ba, yau ma a amalanke ya zo. Mahaifiyarsa ce dalili. Tana kawo nono da man shanu kasuwar Tasawa, ƙafafunta sun fara ciwo, tafiyar amalanke tana gajiyar da ita. Don ita ya sayi moton, amma ta rantse ba za ta hau ba sai hukuma ta ba shi takardar shaidar ya iya.

Ya tambaye ni, “Malam, ba wani abin da zan koya? Na ji an ce akwai karatu.”

Na ce, “Kana tafiya cikin yashin Korgom ba ka faɗuwa?”

Ya ce yanzu kam ba ya faɗuwa.

Na ce, “To ka gama karatu. Gudron ai shimfiɗa ce.”

A lokacin nan littafin kod yana cikin jakata, da shi nake yi wa mutane burga. Da na buɗe shi na nuna mashi shafi ɗaya, da bai ɗauke mu tsawon shan shayi ba. Ban buɗe ba, don wani na jirana.

Ranar karɓar takarda tare suka zo da tsohuwar. Ƴar siririya ce, da zane baƙi da ƙwarya a kai. Na gaishe ta da Inna, ta amsa da ɗana. Ba ta karatu. Ta karɓi takardar ta juya ta, ta ɗora babban yatsanta bisa tampon tana shafawa. Sannan ta dube ni cikin ido.

Ta ce, “Ɗana, kai ka gwada shi? Ya iya?”

Na ce, “Ya iya, Inna. Ki hau, kada ki ji tsoron komai.”

Ta ce to, tunda masu ilimi sun faɗa. Ta kwance wani ɗan ƙoƙo na man shanu ta ba ni, ta sa mani albarka. Na kai gida aka zuba a tuwo na ci.

Ga abin da Sambo bai sani ba. Wanda ya koyi moto a yashi, doka ɗaya jikinsa ya sani: kada ka saki wuta. In ka rage gudu ƙafar gaba ta nutse, moto ya kayar da kai. Duk ɗan ƙauyenmu haka ya koya, kuma a yashi gaskiya ce. To inda hanyarsu ke fitowa babban titi akwai ɗan tudu mai yashi, ba ka hawa shi sai ka ƙara wuta. Kod kuwa cewa ya yi wanda ya fito daga ƙaramar hanya ya tsaya cik, ya duba hagu da dama, babban titi ke da wucewa. Wannan shi ne darasi na farko da aka koya mana a Maradi. Ba wanda ya taɓa faɗa wa Sambo.

Ranar kasuwa da hantsi ina gindin bedina na ga mutane na gudu wajen gari, ana cewa babbar mota ta buge mai moto. Na bi su don kallo, kamar kowa. Abin da na fara gani nono ne, ya malale bisa gudron har ya fara bushewa a gefe. Sai fasasshiyar ƙwarya. Sai baƙin zane an ja shi an rufe fuska. Direban motar na zaune a ƙasa ya riƙe kai, yana ta cewa bai gan su ba, sun fito ne kawai. Sambo na kwance ƙafarsa ta dama ta juye, ba kaske, wato hular kwano, a kansa, ita ma ba ta da shi. Yana ta kiran Inna da Fillanci. Wani jandarma ya sa hannu aljihunsa ya zaro takarda, ya ɗaga ta ga rana yana duban tampon. Ƙafafuna suka ɗauke ni ban san lokacin ba.

Na gudu garin Sarkin Hausa wurin gwaggona, na ce mata zazzaɓi nake. Bayan kwana tara jandarma suka zo suka ɗauke ni. Ban yi gardama ba, na nuna masu inda tampon yake. Alƙali ya tambaye ni mutum nawa na ba irin takardar, na ce ban ƙirga ba. Ya ce to duk suna kan hanya yanzu haka. Aka yanke mani shekara uku.

Kaso akwai zafi, akwai ƙwarƙwata, akwai wulaƙanci, amma ba su ne suka ci ni ba. Matata takan kawo mani fura da nono ranar ziyara. Da na buɗe kwanon na ga nonon sai in miƙa wa na kusa. Ta yi ta tambaya ko hannunta ne ya canza, na kasa faɗa mata. Kuma duk sanda na ji ƙarar moto ta bayan katanga sai in tsaya da abin da nake yi, ina sauraren ko zai wuce lafiya, don ban sani ba ko ɗaya daga cikin nawa ne. Mahaifina ya rasu ina ciki. An ce tun da abin ya faru bai ƙara zama majalisar ƙofar masallaci ba.

Da aka sake ni ban wuce gida ba. Na hau amalanke zuwa wajen Korgom, na yi ta tambaya har aka nuna mani rugarsu. Na tarar da Sambo zaune a inuwa yana tufka igiya, sanduna biyu jingine kusa da shi, ƙafar wandon dama an naɗe an ɗaure a gwiwa. Ba ya bin shanu kuma, ƙaninsa ke kai su. Ya gane ni tun daga nesa. Ya sa aka shimfiɗa mani tabarma, aka kawo ruwa, ya tambayi hanya da iyali kamar yadda ake yi wa kowane baƙo. Da ya zage ni da ya fi mani sauƙi.

Na durƙusa na ce ya yafe mani don Allah. Ya daɗe yana murza igiyar bai ɗago ba.

Ya ce, “Ƙafata na yafe maka, tun ina asibiti. Ni ma ina da nawa laifin, na so sauƙi.”

Na ce, “Inna fa?”

Ya ce, “Wannan ba nawa ba ne da zan ba ka. Ni ba ta yarda da ni ba, ta san ban iya ba. Kai ta tambaya.”

Ya ci gaba da tufkarsa. Na zauna har rana ta karkata, na tashi na tafi.

Yanzu noma nake a gonar mahaifina, ban ƙara riƙe kan moto ba. Ƙannena masu sayen moto, da ku nake. Ku je a koya maku kod, a gwada ku, ku karɓi takardarku ta ƙofar da ake karɓa, ko da zai ci maku wata biyu. Duk wanda ya ce zai samo maku ba gwaji, irina ne, ku tashi daga gabansa. Sabon hannu kada ya ɗauki kowa sai ya ƙware shi kaɗai, kada ya hau ba kaske, kuma in kun zo bakin gudron ku tsaya, ko da moton zai nutse ku sauka ku tura. Ku kuma masu wayo da kuke ganin takarda ce kawai, ku sani akwai wanda zai ɗora ransa a kanta don ya yarda da ku. Na tuba, ina salla, ina roƙon Allah. Amma an gaya mani haƙƙin mutum sai mai shi ya yafe, mai shi kuma tana ƙarƙashin ƙasa a Korgom. Akwai ranar da za a tsayar da ni gabanta, kuma har yau ban samo abin da zan ce mata ba.