Moshi Guda Ɗaya

Shekara talatin Sumie Kuwabara ta yi tana haɗa layin tarho a Tokyo, har injuna suka zo suka karɓe mata kujera. Tsufa ya same ta a ɗan ƙaramin ɗaki mai cin tabarma shida, ita da tukunyar lantarki mai kiɗa idan shinkafa ta dahu. Wani lokacin takan ɗora shinkafar ba don yunwa ba, don dai wani abu ya yi magana a ɗakin.

Sai masu fim ɗin ban tsoro suka gano muryarta. A shekarun nan kowace fatalwa ta waya take fitowa ko ta kwamfuta, sai ka ce makabartu sun cika. Aikin Sumie kalma ɗaya ce. Mai rai in yana waya "moshi moshi" yake cewa, sau biyu. Tsofaffi sun ce fatalwa ba ta iya maimaitawa. To Sumie takan tsaya gaban makirfo da rana tsaka, ta lumshe ido, ta ce "moshi," ta haɗiye ɗayar.

"Inna Sumie, tsigar jikina ta tashi," in ji Hatano, daraktan. "Wa ya koya miki mutuwa haka?"

"Ɗan nan, yi sati uku wayarka ba ta yi ƙara ba, kai ma za ka iya."

Abin da ke cin ranta ƙanwarta ce Tokiko, da ke aure a Morioka. Shekara tara ba sa ga-maciji, tun gardamar inda za a ajiye tokar gawar mahaifiyarsu bayan an ƙona. Sumie na tsoron ta mutu ba wanda ya sani, sai jaridun da ake kawo mata sun taru a ƙofa.

Wata Lahadi ana yayyafi ta tashi daga gyangyaɗin rana, ba ta ma tabbata ta farka ba. Ta buga lambar ƙanwar.

"Gidan Onodera ne," in ji Tokiko, da sunan dangin mijinta.

Sabo turken wawa. Bakin Sumie ya ce "moshi," ya tsaya. Ta nemi ta biyun, ta ƙi fitowa. Tana jin ruwan saman Morioka na zuba ta cikin wayar. Tsoro ya kama ta, ta ce a ranta ashe na tafi ban sani ba.

"Moshi," in ji Tokiko a hankali. "Ga ɗayar nan, Yaya. Tun muna yara ba kya ƙarasa abu sai na taya ki. Kin ci abinci?"

Sumie ta riƙe wayar da hannu biyu tana kuka. Bayanta tukunyar ta fara kiɗa, ba ta ko waiwaya ba.